Dokta Barau Dikko: Likitan Farko Na Arewa Da Ya Shugabanci Jam'iyyar Mutanen Arewa Kafin Sardauna

Duk wanda ya taɓa kai mara lafiya asibiti a Kaduna, ko ya bi ta garin a hanyarsa ta zuwa gida daga Kurmi, da wuya a ce bai ji sunan Barau Dikko ba. Direbobin Keke Napep sun san wurin, 'yan acaɓa sun san shi, mata masu zuwa awo sun san shi. Amma ka tsayar da mutum goma ka tambaye su wane ne mai sunan, sai ka ga ana kallon-kallo. Kwanakin baya na gwada haka a majalisarmu ta bayan la'asar a nan Hammadu Kafi, cikin garin Gombe. Wani ya ce tsohon gwamna ne, wani ya ce attajiri ne da ya gina asibitin da kuɗinsa. Dattijo ɗaya ne kawai, tsohon ma'aikacin reluwe, ya ce ai likita ne, kuma shi ne na farko a duk faɗin Arewa.

Gaskiyar dattijon nan ce, sai dai labarin bai tsaya nan ba. Dokta Russell Aliyu Barau Dikko shi ne ɗan Arewa na farko da ya zama cikakken likitan zamani. Shi ne kuma shugaban farko na Jam'iyyar Mutanen Arewa, wadda daga baya aka fi sani da NPC, jam'iyyar Sardauna da Tafawa Ɓalewa. Bafulatani ne ɗan Zazzau, kuma Kirista, amma malamai da ma'aikata waɗanda galibinsu Musulmi ne suka ɗaga hannu suka ce shi ne zai jagorance su. Ga 'yan'uwanmu mazauna Sabon Badun, Agege, Idi-Araba, Shagamu, Anaca da Fatakwal, waɗanda suka san yadda ake zaman 'yan tsiraru a cikin mutane, akwai abin dubawa a rayuwar wannan bawan Allah.

Zariya, 1912

An haifi Barau Dikko a 1912 a ƙasar Zazzau. Lokacin Turawa ba su cika shekara goma da cin Kano da Sakkwato ba, kuma saura shekara biyu Lugga ya haɗe Kudu da Arewa su zama Nijeriya ɗaya. A daidai wannan tsakanin ne layin dogo ya haɗa Legas da Kano, ya ratsa ta Zariya. Wannan jirgin ne ya riƙa ɗaukar shanu yana gangarawa da su Kurmi, ya dawo da goro, kuma a cikinsa kakannin da yawa daga cikin masu karanta wannan rubutu suka sauka Kudu.

Sunan Dikko dai suna ne da Fulani kan ba ɗan fari. Shi kuwa Russell, daga gidan mishan ya samo shi. A wancan zamani akwai wani Bature a birnin Zariya mai suna Dokta Walter Miller, likita ne kuma ɗan mishan na ƙungiyar CMS. Miller ya fara koyon Hausa ne a Tarabulus, wurin Hausawa mazauna can. A 1900 ya shigo ƙasar Hausa cikin ayarin Bishop Tugwell, suka kai har Kano, Sarki Alu ya ce su fice masa daga gari. Bayan 'yan shekaru, a 1905, zamanin Sarkin Zazzau Aliyu Ɗan Sidi, Miller ya samu wurin zama a cikin birnin Zariya, ya buɗe ɗan ɗakin shan magani da makaranta. Shi ne kuma ya jagoranci fassara Littafi Mai Tsarki zuwa Hausa, wanda aka buga a 1932.

A hannun Miller Barau Dikko ya tashi, kuma a makarantarsa ya fara karatu. Wajen 1929 aka fitar da mishan ɗin daga cikin ganuwa aka mayar da shi bayan gari, gindin duwatsun Wusasa. Wannan ɗan ƙauye ya fitar da mutanen da suka yi suna ƙwarai. A nan Janar Yakubu Gowon ya girma, mahaifinsa ma'aikacin coci ne. Farfesa Ishaya Audu, likita kuma ɗan ƙasa na farko da ya shugabanci Jami'ar Ahmadu Bello daga 1966 zuwa 1975, shi ma ya bi ta makarantar Wusasa. Dikko shi ne yayansu duka a harkar boko.

To, me ya sa likitan farko ya fito daga wannan ɗan lungu, bai fito daga gidajen sarauta ba? Amsar tana cikin yadda Turawa suka tsara ilimi a Arewa. Lugga ya yi wa sarakuna alkawarin ba zai taɓa addini ba, don haka aka taƙaita shigar mishan cikin masarautun Musulmi. Gwamnati kuma ba ta zuba kuɗi ta cike gurbin da makarantunta ba. Babbar makarantar da ta gina, Kwalejin Katsina, wadda aka buɗe a farkon shekarun 1920, an yi ta ne don horar da malaman makaranta da ma'aikatan En'e. Ta fitar da Sardauna da Tafawa Ɓalewa da Abubakar Imam, amma ba a shirya ta don kai yaro jami'a ya karanta likitanci ba. Yaron da ke hannun mishan shi ne ke da hanyar da za ta iya ɓullewa da shi can.

Daga Legas zuwa Birmingham

Daga Zariya sai aka tura Dikko King's College da ke tsibirin Legas, makarantar da gwamnati ta kafa a 1909. Mazauna Obalende da Idumota sun san ta, tana nan daura da filin da yanzu ake kira Dandalin Tafawa Ɓalewa, wanda a da filin sukuwa ne. Ashe ke nan likitan farko na Arewa shi ma ya ɗanɗani zaman Kurmi yana saurayi. Ya san yadda ake ji idan mutum ya bar tuwon dawa da hunturun Zazzau ya sauka garin da ruwa ba ya ɗaukewa, harshen kasuwa daban, abinci daban, ga shi cikin 'ya'yan manyan Legas waɗanda iyayensu da kakanninsu sun daɗe da boko.

Bambancin kuwa ba ƙarami ba ne. Tun cikin shekarun 1870 Dokta Nathaniel King ya gama karatun likita a Birtaniya ya dawo Legas. Bayansa aka yi su Dokta Obadiah Johnson, da Dokta Oguntola Sapara wanda ya yi fama da cutar agana a Legas. Wato kafin Arewa ta samu likita ɗaya tak, Kudu ta haura shekara sittin tana da nata.

Da ya gama King's College, Dikko ya wuce Ingila, Jami'ar Birmingham, inda ya karanta likitanci. Ya dawo gida ya shiga aikin gwamnati a 1940 a matsayin ƙaramin jami'in lafiya, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Biyu. Kada mai karatu ya ɗauka cewa da takardar Ingila a hannu komai ya zo da sauƙi. Tun 1902 Turawa suka kafa rukunin likitocin gwamnati na Afirka ta Yamma, suka rubuta a ƙa'ida cewa na Turawa ne zalla. Likita baƙar fata, ko da aji ɗaya suka zauna da Bature, wani layi daban ake sa shi, albashi ƙasa, girma a hankali. Asibitoci ma kashi biyu ne, na Turawa daban, na 'yan ƙasa daban. Sai da Dikko ya shekara 13 yana aiki kafin ya zama babban jami'in lafiya a 1953.

Yadda aka haifi Jam'iyyar Mutanen Arewa

Bayan yaƙi, siyasa ta fara tafasa a Kudu. Azikiwe da NCNC suna zagaya ƙasa, jaridun Legas suna ta caccakar Turawa. A Arewa kuwa, 'yan boko ƙalilan ne, kuma kusan dukkansu ma'aikatan gwamnati ne ko na En'e, waɗanda doka ta hana su siyasa. Sai suka riƙa haɗuwa da sunan ƙungiyoyin tattaunawa da zumunta. A Bauchi, wadda a lokacin Gombe ke ƙarƙashin lardinta, Sa'adu Zungur da Aminu Kano da Abubakar Tafawa Ɓalewa sun yi irin wannan zama tun wajen 1943. A Sakkwato ma matasa irin su Shehu Shagari suna da tasu. Jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo, wadda ta fara fitowa a 1939 Abubakar Imam yana edita, ita ce ke kai labarin wannan gari zuwa wancan.

A 1948 aka samu ƙananan ƙungiyoyi biyu, ɗaya a Kaduna ɗaya a Zariya, masu manufa iri guda. Dokta Dikko da Malam D. A. Rafi su ne kan gaba wajen tara mutane. Ƙungiyoyin suka haɗe suka zama Jam'iyyar Mutanen Arewa. A tsakiyar 1949 aka yi babban taron farko a Kaduna, wakilai suka zo daga larduna, aka zaɓi Dokta Dikko shugaba. Cikin waɗanda suka yi tafiyar farko tare da shi akwai Abubakar Imam, Sa'adu Zungur, Aminu Kano, Isa Wali da Yusuf Maitama Sule. Abin da suka ce sun fito yaƙa abu uku ne: jahilci, lalaci da zalunci.

A duba sunayen nan da kyau. Sa'adu Zungur malami ne masanin Alƙur'ani da fiƙihu, ɗan gidan malamai. Aminu Kano ɗan gidan alƙalai ne. Abubakar Imam ɗan malami ne. Waɗannan mutane ba su jahilci addininsu ba, kuma sun san sarai addinin Dikko. Duk da haka suka sa shi gaba. Dalilan a bayyane suke. Shi ne mafi zurfin karatun zamani a cikinsu, ya san Turawa ciki da waje, ya zauna Legas ya ga yadda 'yan Kudu ke tsara ƙungiya. Ba ɗan sarki ba ne balle a ce zai kare gidansu, ba kuma mai zafin kai ba ne balle sarakuna su tsorata. Ga shi likita, mutumin da kowa ke zuwa wurinsa ranar da jiki ya ƙi daɗi, ba ya tambayar mara lafiya ƙabilarsa kafin ya duba shi. Ƙungiyar da ke son tara Bakano da Basakkwace da Babarbare da Banufe da ɗan Filato a inuwa ɗaya tana bukatar irin wannan mutum.

Riƙon kuwa bai zo da sauƙi ba, don tun farko akwai ra'ayi biyu a cikin tafiyar. Wasu na ganin a bi sarakuna da lalama, a gyara mulkin En'e sannu a hankali. Wasu kuma, musamman matasan Kano, na ganin sarautar da Turawa suka ɗaure wa gindi ita ce tushen zaluncin da ake magana. Shekarar 1950 ta zo da abubuwa a jere. A watan Janairu aka yi babban taron tsarin mulki a Badun, inda wakilan Arewa, ciki har da Sarkin Zazzau Ja'afaru da Sarkin Katsina Usman Nagogo, suka dage sai an ba Arewa rabin kujerun majalisar tsakiya. Ranar 8 ga Agusta aka kafa NEPU a Kano. A cikin watan ne kuma Tafawa Ɓalewa ya miƙe a majalisar Kaduna ya nemi a yi wa mulkin En'e garambawul. Da aka je taron Jos a watan Disamba, ɓarakar ta fito fili, 'yan NEPU suka kama gabansu. Dikko ne ke kan kujera duk tsawon wannan ja-in-ja.

Ranar da ya ajiye kujera

A 1951 tsarin mulkin Macpherson ya kawo zaɓe, irin mai hawa-hawa, daga unguwa zuwa gunduma zuwa lardi. A matakan farko NEPU ta ba da mamaki, musamman a Kano. Hankalin sarakuna da manyan ma'aikatan En'e ya tashi, suka ga lallai su ma sai da jam'iyya. Maimakon su ƙirƙiro sabuwa, sai suka juyo kan wadda ke ƙasa. Ranar 1 ga Oktoba 1951 aka bayyana Jam'iyyar Mutanen Arewa a matsayin cikakkiyar jam'iyyar siyasa, Sardaunan Sakkwato Ahmadu Bello da Tafawa Ɓalewa suna ciki.

Nan fa Dikko ya iso mararraba. Ƙa'idar aiki ba ta yarda ma'aikacin gwamnati ya riƙe muƙami a jam'iyyar siyasa ba. Ko dai ya ajiye aikin likita ya ci gaba da shugabancin jam'iyyar da ke shirin karɓar mulkin yanki mafi girma a Nijeriya, ko ya ajiye shugabanci ya koma wurin marasa lafiya. Dikko ya zaɓi asibiti. Wanda ya karɓi riƙon ƙwarya bayansa ma abin sha'awa ne ga mazauna Kurmi: Alhaji Sanda, ɗan kasuwa mazaunin Legas. Ashe akwai lokacin da ragamar babbar jam'iyyar Arewa take hannun ɗan Arewa mazaunin Ikko. Sai a 1954, a taron Jos, aka zaɓi Sardauna shugaba, Tafawa Ɓalewa mataimaki.

In aka duba sauran duniya, za a ga likitoci da yawa sun bi ɗaya hanyar. A Amurka, Dokta Benjamin Rush na Philadelphia ya zauna majalisar da ta ayyana 'yancin ƙasar a 1776, har ya sa hannu a takardar. A Legas, Dokta Adeniyi-Jones yana cikin mutanen farko da aka zaɓa zuwa majalisar dokoki a 1923. Dokta Michael Okpara ya bar asibiti ya shiga majalisar Gabas, ya zama Firimiya daga 1959 zuwa 1966. Dokta Majekodunmi ya zama ministan lafiya, aka kuma ba shi riƙon Jihar Yamma lokacin dokar ta-ɓaci ta 1962. A Kwaddibuwa, Houphouët-Boigny ya fara da aikin likita, ya tafi majalisar Faransa a 1945, ya ƙare a shugaban ƙasa. Babu laifi a abin da suka yi. Sai dai lissafin Arewa daban yake. In likita ɗaya ya bar asibiti a Legas, akwai wasu da za su rufe gurbinsa. A Arewa ta 1951, likitocin da suke 'yan asalin yankin ba su kai a ƙirga su da yatsun hannu ɗaya ba, ga jama'a miliyoyi.

Za a iya cewa ko da ya zauna, da wuya kujerar ta daɗe a hannunsa, tunda jam'iyyar ta koma hannun masu sarauta da manyan En'e, shi kuwa ba shi da masarauta a bayansa. Wannan magana tana da ƙamshin gaskiya. Amma mun sha ganin waɗanda aka karɓe wa kujera suka fita suna zage-zage, suka kafa tasu jam'iyyar, ko suka rushe wadda suka gina da hannunsu. Dikko bai yi haka ba. Ya sauka, ya bar ginin a tsaye, ya koma bakin aikinsa.

Yaƙi da cututtukan da suka zauna mana

A 1957 aka ɗaga shi zuwa babban jami'i mai kula da sashen cututtukan da suka yi kaka-gida, a Ma'aikatar Lafiya ta Jihar Arewa. Matasan yanzu ba za su gane nauyin wannan aiki ba sai an ba su labarin yadda ƙasar take a lokacin.

Akwai ciwon barci, wanda ƙudan tsando ke yaɗawa a bakin rafuka. Ya yi ɓarna a ƙasar Zazzau har ta kai gwamnati ta tashi ƙauyuka a yankin Anchau, ta sare kurmin bakin ruwa, ta gina sabon gari aka sa masa suna Takalafiya. Akwai kuturta, wadda ta cika kasuwanni da bakin masallatai da mabarata. Sai a ƙarshen shekarun 1940 aka tabbatar, a asibitin kutare na Uzuakoli da ke Gabas, cewa ƙwayar dapson da ake haɗiya tana maganinta, kuma da araha. Daga nan aka buɗe ɗakunan shan magani a ƙauyukan Arewa, inda mai cutar zai zo ya karɓi ƙwaya ya koma gida, ba sai an killace shi ba. Akwai agana mai kashewa, wanda ya tsira kuma ta bar masa zane a fuska ko ta makantar da shi. Akwai sanƙarau da ke zuwa da zafin bazara ya kwashi yara da manya. Ga kurkunu a ruwan tafki, ga makantar da ƙudan bakin kogi ke jawowa, ga zazzaɓin cizon sauro da ƙyanda.

Irin wannan aiki ba na zama a ofis da farar riga ba ne kawai. Aiki ne na tura ayarin ma'aikata ƙauye-ƙauye, a tara mutane a ƙofar dagaci, a duba wuya, a duba fata, a yi lamba, a rubuta suna, a dawo baɗi a sake. Yana bukatar yardar sarki da hakimi da liman, da kuma wanda zai yi wa talaka bayani da harshen da yake ji. Bature zai iya tsara takarda, amma samun ɗan ƙasa mai jin Hausa kamar jakin Kano a saman wannan sashe ba ƙaramin abu ba ne. Amfanin irin wannan tushe ya fito daga baya: gangamin kawar da agana da aka fara a Afirka ta Yamma a 1967 ya kai ga ganin bayanta a Nijeriya a 1970, shekara goma kafin a ayyana cewa ta ƙare a duniya baki ɗaya a 1980.

Komawa Legas a matsayin kwamishina

Siyasar da ya bari a 1951 ta sake biyo shi bayan shekara 16, ta wata ƙofa. An kashe Sardauna da Tafawa Ɓalewa a juyin mulkin Janairu 1966, an rushe jam'iyyu da majalisu, ƙasa ta shiga ruɗani. Ranar 27 ga Mayu 1967 Gowon ya raba Nijeriya jihohi 12, a watan Yuni kuma ya kira fararen hula su shigo majalisar zartarwa ta tarayya a matsayin kwamishinoni, wato ministocin wancan lokaci. Awolowo ya karɓi kuɗi, Anthony Enahoro yaɗa labarai, Aminu Kano sadarwa, Joseph Tarka sufuri. Dokta Dikko, daga Jihar Arewa ta Tsakiya, aka ba shi ma'adinai da wutar lantarki. Ka ga ikon Allah, shi da Aminu Kano, waɗanda hanya ta raba a 1950, sun sake zama teburi ɗaya. A wancan lokaci babu majalisar dokoki, dokokin ƙasa suna fitowa ne daga gwamnatin soja, don haka waɗanda ke zaune a wannan majalisa suna da hannu a abin da ke zama doka.

Ma'aikatar da aka ba shi ba ta wasa ba ce. A ƙarƙashinta kuzar Jos take, da kwal na Inugu, da wutar lantarki, da kuma man fetur, wanda aka gano a Oloibiri a 1956 aka fara fitarwa waje a 1958. Ranar 6 ga Yuli 1967 yaƙin basasa ya ɓarke, kuma rijiyoyin mai da tashar Bonny da matatar Fatakwal suna cikin abubuwan da aka fi gwabzawa a kansu. A zamanin da yake wannan ofis ne aka buɗe madatsar ruwa ta Kainji a 1969, aka kuma fitar da dokar man fetur ta 1969, wadda ta ce duk man da ke ƙarƙashin ƙasar Nijeriya mallakar gwamnatin tarayya ne. Wannan doka ta shafe shekaru fiye da hamsin ana aiki da ita, kuma har gobe ana muhawara a kan abin da ta shimfiɗa, musamman a yankin Neja Delta inda 'yan'uwanmu da yawa ke neman abinci.

Yaƙi ya ƙare a Janairu 1970. A 1971 aka mayar da Dikko ma'aikatar sufuri, mai kula da jiragen ƙasa da tashoshin jiragen ruwa. Dattawan zango za su tuna lokacin da jirgin ƙasa ke aiki sosai, mutum ya hau daga Iddo ya sauka Kano, ko ya canza a Kafanchan ya bi layin da ya ratsa Bauchi da Gombe, wanda ya isa Maiduguri a 1964. Yaron da aka haifa lokacin da dogo ya iso Zariya, shi ne ya wayi gari yana kula da dogon ƙasar gaba ɗaya.

Rasuwarsa da abin da ya bari

Dokta Barau Dikko ya rasu a 1977, yana da shekara kusan 65. Asibitin Kaduna da ke ɗauke da sunansa, wanda tsofaffin garin har yanzu suke kira Nasin Hom, asalinsa na Turawa ne da manyan ma'aikata a zamanin mulkin mallaka. Yau shi ne asibitin koyarwa na Jami'ar Jihar Kaduna, inda 'ya'yan talakawa ke koyon aikin da a 1940 mutum ɗaya ne kaɗai ɗan Arewa ya iya. Yanzu akwai makarantun likitanci a Zariya, Kano, Sakkwato, Maiduguri, Jos, har da nan Gombe. Sai dai kuma kowa ya san halin da ake ciki: likitocin da aka horar da kuɗin jama'a suna ta ficewa zuwa Ingila da Saudiyya, asibitin ƙauye kuma ya koma hannun ma'aikaci ɗaya ko biyu. Ba a ce kowa ya zauna cikin wahala ba, gwamnati ma tana da nata laifin wajen albashi da kayan aiki. Amma yana da kyau ɗalibin da ke shiga ƙofar asibitin nan kullum ya san cewa mai sunan ya taɓa samun damar barin marasa lafiya ya kama babbar kujera, ya ƙi.

Sai magana ta biyu, wadda ta fi shafar mazauna Kudu. Duk lokacin da rikici ya tashi a Shasha ko Mil 12 ko wata kasuwa, abin da shugabannin zango ke roƙo shi ne a auna mutum da halinsa da aikinsa, kada a auna shi da garinsu ko addininsa. Roƙo ne na gaskiya. To, iyayenmu sun yi wa wani wannan adalcin a gida tun 1949, lokacin da suka duba cikin taro suka ɗauko Kirista ɗan Wusasa suka ce shi ne shugaba, don shi ya fi cancanta a ranar. Jam'iyyar da ya fara jagoranta ta riƙa alfahari da cewa Arewa ɗaya ce, al'umma ɗaya, ba ruwanta da addini ko ƙabila ko muƙami. Ko an cika wannan alkawari daga baya ko ba a cika ba, wannan wata muhawara ce, kuma 'yan NEPU da mutanen tsakiyar Nijeriya suna da abin faɗa a kai. Abin da ba a musu shi ne an fara da shi, kuma Dikko ne shaida.

Don haka idan Allah Ya kawo ku gida hutun Sallah, mota ta bi da ku ta Kaduna, yaro ya karanta allon asibitin ya tambaya wane ne Barau Dikko, a ba shi amsa. A gaya masa likita ne ɗan Zazzau, ya yi karatu a Legas kamar yadda shi ma yake yi, ya shugabanci Jam'iyyar Mutanen Arewa kafin Sardauna, ya sauka da kansa ya koma duba marasa lafiya. In yaron yana da kai, a ƙara masa da cewa har yanzu Arewa tana neman likitoci.

Daga Hammadu Kafi, Gombe.